Minti Goma Sha Ɗaya

Ƙarfe biyar saura kwata nake isa ɗakin wankin asibiti.
Duluth na barci, tafki ya daskare har gindin gada.
Kafin agogon kamfani ya san na zo
sai na zura riga, na sa safar roba biyu, na ɗaure gashi,
na kunna tukunyar tururi, na jira ta fara numfashi.
Minti goma sha ɗaya.
Agogo bai taɓa ƙirga su ba. Ni na ƙirga.

A bayan littafin girkin mahaifiyata nake rubuta su,
ƙasan shafin miyar dankali,
da fensir, kullum, shekara shida,
har lissafi ya cinye wurin gishiri da albasa.

Mu tara muka kai ƙara.
Marlys mai ciwon gwiwa, Oksana, Dewayne da tarinsa,
sauran sun ce kada in faɗi sunansu.
Lauyanmu Tollefson yaro ne, takalminsa ya sha ƙanƙara.
Ya ce ƙarar mai sauƙi ce:
wanda ya ci gumin wani ya amayar.

Mai shari'a Pellerin ta cire tabarau, ta goge, ta mayar.
Ba ta ɗaga murya ba.
Da ta ɗaga, da na san inda zan ajiye fushina.
Ta ce: Ban ce ba ku yi aikin ba.
Ban ce aljihun kamfani bai yi nauyi da shi ba.
Amma wanda doka ta gina wa ƙofa
kotu ba ta fasa masa taga.
Akwai dokar albashi. Ku bi ta can.
Ta buga ɗan gudumarta sau ɗaya,
ƙarar ba ta kai ta cokali a kofi ba.

Muka bi ta can.
Hawa na uku, layi, takarda mai shafi bakwai.
Akawu ya ja yatsa bisa kwanan wata,
ya ce ƙofar nan shekara biyu kawai take gani a baya.
Huɗun farko fa?
Ya ɗaga kafaɗa. Ihu bayan hari.
Marlys ta bar aiki shekara uku da suka wuce,
nata duka ya faɗa ramin da ke tsakanin ƙofa da taga.
Ta naɗe takardarta ƙanana ƙanana
ta cusa a jaka kusa da maganin gwiwa,
ta tambaye ni ko motar ƙarfe huɗu ta wuce.

Wai akwai magani, shi ya sa aka hana mu magani.
Na juya zancen nan a baki har gida,
kamar ƙashin kifi, bai haɗiyu ba, bai tofu ba.

Litinin na yi rantsuwa.
Na zauna a mota, inji a kashe, hannu a hammata,
na ce sai biyar ta buga cif zan taɓa ƙofarsu,
tukunya ta kwana da sanyinta, ba uwata ba ce.
Minti ɗaya. Biyu.
Numfashina ya rufe gilashi.
Na share da hannun riga, sai ga hawa na huɗu,
taga guda da fitila, ɓangaren yara.
Na san zanen gadon da ke sauko mini daga can,
na san abin da ke jikinsa,
na san wani ƙaramin baya na jiran busasshe.

A minti na huɗu na fito.
Na zura riga, na sa safa, na kunna tukunya.

Da dare na buɗe littafin,
na nemi gefen da ya rage fari,
na rubuta: bakwai.