Gidana na Bakin Gulbi

Ranar Talata na yanke abonma.
Lissafi ne ya kai ni, ba fushi ba:
kwana tara famfon Garin Malam yana tari, babu ɗigo,
mai ga-ruwa ya kai bido dala sittin,
jaka shida kuwa, in ka juye ta ruwa,
bido ashirin ce cif.

Na'urar ta tambaye ni sau uku ko na tabbata,
kamar tsohuwa mai rakiyar baƙo har bakin zaure.
Na ce na tabbata.

Da wata ya ƙare, bayan isha'i, kuran ya dawo,
na kunna don hannu ya saba.
Hotunan suna nan a jere, sun yi toka-toka,
kowanne da ɗan kwaɗo a kusurwa,
irin na ƙarfe, wanda ba ya kuka da damina.
Sai ka ce Kasuwar Dole da tsakar dare.

Wasa arba'in da ɗaya.
Arba'in ɗin su tafi, Allah ya raka taki gona:
ƙwallo, tseren mota, harbe-harben da ke hana Cima barci.
Ɗayan ne.

Shekara biyu da wata biyar ina gini a cikinsa.
Ni da na tashi tsakanin duwatsun Damagaram,
inda ake wanka da kwano ɗaya a ajiye saura don alwala,
na samu fili a bakin gulbi.
Na sari itace, na kafa gada,
na shuka abin da ban san sunansa da Hausa ba, ya yi ƴaƴa.
Wani dare ban yi aikin komai ba,
na tsaya kan gadar ina jin ruwa yana wucewa
ba wanda ya bi shi da bokiti.

Akwai kare. Ja ne, siriri,
shi ya sa Mutari, ɗan Cima, ya raɗa masa Kilishi.

A fada na ba da labari, Barmu yana fifita gawayin shayi.
Bai ɗago ba ya ce,
"Ka taɓa ganin takardar filin?
Zanen aro ai ba ya rufe katara."
Aka yi dariya, ni ma na taya.
Amma na san haya, Barmu.
A gidan haya aka yanke mini cibi, can Zango,
sau huɗu muna tashi kafin in gama lakwal.
Mai gida mafi mugunta
yana barinka ka naɗe tabarmarka,
ka ciro ƙusar da ka kafa.
Waɗannan ko ƙusa.

Sun aiko saƙo mai ladabi:
ajiyarka tana nan har wata shida.
Bayan nan ba su faɗa ba.

Jiya Mutari ya zo da manet a hannu, wayarta na jan ƙasa.
"Kawu, wa ke ba Kilishi abinci?"
Na ce can lokaci ba ya tafiya in ba mu nan.
Ya yi shiru, yana sosa gwiwa.
"To tun ranar yana tsaye?"

Yana tsaye.
A bakin ƙofa na bar shi, fuskarsa wajen gulbi,
ƙafa ɗaya a ɗage.

Ƙarfe uku na dare Cima ta buga mini ƙofa:
famfo ya fara zubo da zare.
Muka fita da bido bakwai, layi ya riga ya kai masallaci.
Ina tsaye, barci a ido,
sai na ga babban yatsana yana murza marfin bido,
hagu, dama, gaba,
yana neman hanyar gida.

Na cika uku kafin ruwan ya ɗauke.
Saura wata biyar.