Muciyar Agadas

Sanda ce kawai, tsawon kamu ɗaya.
Na zo da ita daga Agadas cikin jiƙaƙƙen buhu,
ƙarƙashin kujerar mota, kusa da gorar ruwa.
Wani mai garka ne ya yanko mini,
ya ce, "Ɓaure ne. Ido uku a ƙasa, biyu a sama,
kada ka dasa shi a kife."

Barira ta yi dariya har da dafa bango:
"Mazan mutane na dawowa da dabino da cuku,
nawa ya dawo da muciya."

Na haƙa rami a bayan ɗaki,
inda ruwan alwala ke gangarawa,
na zuba takin awaki wanda ya shekara,
da toka tafi biyu saboda gara.
Na kewaye da ƙaya,
don akuyar Nomau ba ta san iyakar gida ba,
ba ta kuma tambaya.

Kwana ashirin ba labari.
Ina durƙusawa gabanta da asuba
kamar mai jiran bashi a ƙofar matsiyaci.
Ran nan sai ido ɗaya ya buɗe,
kore, ƙanƙane, kunnen ɓera ya fi shi.
Ban faɗa wa kowa ba sai da azahar.

Bazara ta zo, pampon unguwa ya ɗauke,
Gulbi ya koma yashi, yara na ƙwallo a cikinsa.
Na riƙa sayen ruwa wurin 'yan garuwa,
Barira na ƙirga kuɗin da ido,
ba ta ce komai ba, shirun nata ya ishe ni.

Shekara ta uku ya yi girman kai.
Reshe kan reshe, ganye kamar tafin ƙato,
inuwa har kan turmi,
'ya'ya kuwa bakwai, tsuntsaye suka ci biyar.

Sai na ɗauko tsoho Arzika daga Jiratawa
a bayan kabu-kabu.
Ya zagaya icen sau biyu yana tauna goro,
ya ce, "Tausayinka ne ya hana shi haihuwa.
Bari ɗari ya shigo, ganye ya zube,
ka wasa wuƙa.
Wanda ya bushe, cire.
Wanda ya juya ciki yana gogar ɗan'uwansa, cire.
Waɗannan na gindi ɓarayin ruwa ne.
Buɗe tsakiyar kamar ƙwarya, rana ta shiga.
Yanka a karkace, kada ruwa ya kwana a miki."

Hannuna ya yi rawa a yankan farko.
Farin ruwa ya tsattsafo kamar nono,
ya yi mini ƙaiƙayi kwana biyu.
Da na gama, icen ya tsaya tsirara,
hannu huɗu a sama, kamar wanda aka yi wa fashi.
Daren nan ban ci tuwo da daɗi ba.

Damina ta sauka, ya ba ni amsa.
A hammatar kowane ganye ɗa ya zauna,
ban ga fure ba, ba wanda ya taɓa gani,
ɓaure a ciki yake bikinsa.
An ce kowane ɗan ɓaure da ƙwaronsa,
na fasa na fari, ja ne kamar garwashi,
na duba, na sake dubawa, na ci.

Yanzu tsohon gidan sauron Barira ne a kansa
saboda jemagu.
Ita ke ƙirga 'ya'yan safe da yamma,
ita ta san wanda zai nuna jibi.
Jiya na ji ta a zaure tana miƙa wa matar Nomau sanda:
"Ido uku a ƙasa, biyu a sama.
Daga Agadas muka kawo shi."

Muka.
Na ci gaba da wasa wuƙata.
Ni da ban taɓa kwana uku a jere a gida ba,
ga ni ina jiran ganye ya zube.