Ɗakuna Shida a Hayin Dogo

Ɗakuna shida na gina a Hayin Dogo
da kuɗin sallama da bashin ƙungiya,
bulo kan bulo, shekara tara.
Na ce ɗalibai su biya, ni ma in biya.

Sai korona ta rufe ƙofar jami'a.
Rana ɗaya suka kwashe jakunkuna,
suka bar mini kwaɗo shida,
da risho, da warin silifa a bakin rijiya.

Bashi bai san dokar kulle ba.
Kullum yana bisa hanya,
ba ɗan sandan da ya tare shi a Kwangila.
Tanimu mai siminti ya daina gaishe ni da suna,
sai da lissafi.

Aka ce gwamnati ta tuna da masu gida.
Na ɗaura takunkumi, na bi layi a shagon kwamfuta.
Yaro ya karɓi ɗari biyar, ya buɗe fom,
ya ce, "Baba, mece ce matsalarka?"
Na leƙa gurbin,
bai kai tsawon yatsana ba.

Tun ranar wayata ke kwana ƙarƙashin matashi.
In ta yi ƙara, Asabe ta ajiye muciya
mu duba tare:
wai a riƙa wanke hannu.

Mun wanke.

Damina ta sauka, ɗaki na huɗu na yoyo.
Na jera masa bokiti uku.
Shi kaɗai ne ɗan hayan da ya shigo bana,
yana biya ɗigo-ɗigo.