Adashin Rana

Shekara talatin Baffa Hammayo yana fasa dutse a Ashaka.
Ran nan ya dawo da katantanwa a aljihu,
ta dutse, a nannaɗe kamar gammo.
Ya ce, "Nan da kike tsaye, da can teku ne."
Na dubi gonar dawa, na dubi jakin Jauro,
na yi dariya har na ƙware.

Sai ranar husufi.
Hantsi ya wuce, azahar ba ta ƙaraso ba,
haske ya soma tsami kamar nonon da ya kwana.
Kaji suka nufi akurki suna ƙorafi.
Inuwar darbejiya ta zube a ƙasa lauje-lauje.
Yara suka kwashi gwangwani da murfin tukunya,
maza suka yi masallaci.
Baffa bai bi su ba.
Ya kama hannuna, muka yi bakin rami.

Ruwan ba daga sama ya zo ba.
Daga jikin farin dutse ya tsattsafo,
yadda sabuwar randa ke gumi.
Ya cika ramin, ya shanye katafila biyu,
ya miƙe har inda Bajoga take,
na duba, babu Bajoga.
Na tsoma yatsa, na kai baki. Gishiri.
Ni da ban san ruwan da ya fi Gongola faɗi ba.

Rana ta koma baƙin faifai mai farin geza.
Iska ta ɗauke. Gwangwanin yara ya yi shiru.

Can ƙarƙashi wani abu ya kyafta.
Ɗaya. Sannan goma. Sannan lissafi ya ƙwace mini.
Kowace katantanwa ta buɗe ido,
ta fara warware abin da ta naɗe,
haske siriri kamar zare daga mazari,
yana hawa yana murɗawa,
ba tsanwa ba, ba shuɗi ba,
launin da marina ba su taɓa sa wa suna ba.
Ba shi da zafi. Na tara tafi, sanyi na ji,
irin na tabarmar da aka manta a waje.

Inuwarmu ba ta faɗi ƙasa ba,
sama ta tafi:
ga hular Baffa can kusa da tauraro,
ga ɗankwalina ya rufe rabin gabas.
Kifaye masu haƙarƙarin fitila
suna ratsa tagar katafila, ba ruwansu.

Na ce, "Baffa, mene ne wannan?"
Ya ce, "Adashi.
Tun kafin a yi mai ƙirga kwana
rana take zubi a tekun nan,
kullum safiya, ba ta taɓa fashi ba.
Ruwa ya ƙafe, amana ba ta ƙafe ba.
Yau hannunta wayam.
Yau kwasarta ce."

Zaren ya haɗu ya zama igiya,
igiyar ta miƙe har bakin faifan,
aka yi ta ja, kamar guga.
Sai gefe guda ya tsage,
zakaran gidan Dudu ya yi cara, a ruɗe.

Ruwa ya koma ta inda ya fito.
Katafila a bushe, ƙura a kan kujera.
Mai gadi ya ce shi duhu kawai ya gani.
Amma Inna ta wanke zanena sau uku,
farin gishiri bai bar bakinsa ba.

Baffa ya rasu bayan damina biyu,
ƙurar dutse ta zauna masa a ƙirji.
Katantanwar tana wurina.
In an ɗauke wuta nakan dube ta,
dutse ce, ba ta ce mini komai.
Ba na fushi. Layi bai zo kaina ba.
Da safe nakan ɗora ta a kan katanga,
ta sha rana.