Ƙofar Baya

A Buenaventura ruwa na dukan kwano,
an maido tsohon wasan a talabijin.
Kaka Nemesia ta ce, "Ku yi shiru, ga ni nan."

Ga ta kuwa, 'yar ashirin da biyu,
baƙa wuluk, farin ƙyalle a ƙugu.
Kashi ɗari da tara,
maganarta ɗaya: "To, uwar ɗakina."
A wasan ta ƙofar baya take shiga,
a gidan talabijin ma haka.

Jikarta Dayana, mai karatun lauya,
ta ja tsaki, za ta kashe.

"Bar shi. Dubi hannuna.
Kofin nan da na dangwarar
har gahawa ta ɓata rigar uwar gidan,
babu shi a rubutu.
Sau uku suka ce in sake.
Sau uku na zubar."