Wainar Ƙaguwa a Bur Sudan

Ohaj masunci ba shi da kuɗin ɗinkin rigarsa,
sai ya biya ni da bokiti.
Na ɗaga tsumman da ya rufe bakin,
ga su nan, goma sha ɗaya,
suna hawan bayan juna, suna tofar da kumfa,
kamar fasinjojin motar Sawakin.

An ɗauke wuta tun asuba,
firij ya koma akwatin ajiyar zafi.
Abin da teku ta bayar da hantsi
ba ya jiran la'asar a garin nan.

Iya Tasalla ta leƙo daga gadon igiya:
"Wannan ƙwaron za ka ci?
Uwata ta tako ƙasa daga Haɗeja
har bakin ruwan nan, shekara bakwai,
ta ci tafasa, ta ci fara,
ba ta taɓa kai mai ƙafa goma baki ba."
Na ce, Iya, malam ya ce na ruwa duk halal ne.
Ta ce, "To, malam ya ci."

Shuɗi suka shiga tukunya,
ja suka fito,
sai ka ce an faɗa musu maganar kunya.

Nan aikin ya fara.
Bayan cokali, bakin wuƙa, haƙuri.
Ni da ke zura zare ido a rufe,
yau ƙaya ta huda min babban yatsa.
Naman fari fat, sili-sili,
kamar ɗinkin da aka warware,
duk goma sha ɗayan ba su cika kwanon sha ba,
ga Suwaiba tana tsame rabonta
duk sanda na juya baya.

Burodin shekaranjiya na daka a turmi,
ƙwai guda, albasa, tafarnuwa,
barkono gwargwadon tsoron yarinya,
lemon tsami ya sami yatsan nan, ya gaishe shi.

Ban jira ba.
Na dunƙula ta farko, na jefa a mai,
ta tsaya kamar za ta yi biyayya,
sai ta watse,
kowane sili ya kama gabansa.

Dariyar Iya har da tari.
"Ƙaguwa biyu a kasko ɗaya,
ta teku da ta zuciyarka!"
Ta laluba sandarta.
"Ba na ci, amma ba na kallon ɓarna."

Hannun nan shekara talatin ya yi
yana sakin ƙosai a ƙofar tashar jirgi.
Ta ƙara garin burodi, ba awo,
ta mulmula, ta danna da tafi,
ta jera a faranti, ta rufa jiƙaƙƙen ƙyalle,
ta kai gindin randa.
"Bar su su san juna tukuna."

Muka zauna.
Wani jirgi ya yi kuka can bayan rumbunan gishiri.
Gumi ya sauko min har gwiwar hannu.

Da ta ɗiga ruwa, mai ya amsa,
ta sake su ɗaya-ɗaya daga gefe.
Ba ta taɓa su ba sai da bakinsu ya yi ja,
juyi ɗaya tak.
Ƙamshin ya haura katanga,
kyanwar maƙwabta ta zo ta'aziyya.

Bakwai na ƙirga.
Iya ta gutsuri gefen guda,
wai don ta ji gishiri.
Ta sake jin gishirin.
Ta juya mana baya, tana kallon bango,
muƙamuƙinta na aiki a hankali.

Suwaiba ta sa ƙahon ƙaguwa a yatsu biyu,
tana ratsa tsakar gida a karkace.
Na koma faranti, na sami biyar.

Can da magariba, ina kwashe ɓawo,
na ji muryar Iya daga ɗaki:
"Shi wannan Ohaj ɗin,
riga ɗaya gare shi?"