Hannun da ke Gefe

In fim ya tsinke a silimar Zangon Kumasi
sai a hau ihu, ana dukan benci.
Babana Gariba ya datse inda ya ƙone,
ya liƙa, haske ya dawo.
Guntayen kuma gwangwanin madara ya sha su.

Jiya na buɗe gwangwanin.
Shekara tara da rasuwarsa,
tsamin nan bai bar ciki ba.
Na ɗaga ɗaya saitin ƙwan lantarki:
ga ɗan sandan ciki, Bajapane, hula sharkaf,
ga ɓarawo durƙushe a caɓi,
ruwa kamar da bakin ƙwarya.

Can a kusurwa, inda bango bai taɓa nuna mana ba,
sai ga hannu.
Yatsu huɗu da bakin mesa.

Ashe ruwan ba na gajimare ba ne.
Ina shekara bakwai na kalle shi ta ramin inji,
na tausaya wa ɓarawon har na kasa cin ƙosai,
na ce sanyi zai kashe shi kafin alƙali.

Kai mai hannu, sau nawa aka ce a sake?
Kana bisa katako tun hantsi,
kafaɗa ta sage, ruwa na bin hammata,
a ƙasa wani mai tabarau yana daka tsawa
wai ɗigon bai yi kauri ba.
Ɓarawo ya tashi, an miƙa masa tawul da shayi,
ɗan sanda ya kunna masa taba, suna dariya.
Kai fa?
Wataƙila sunanka na cikin rubutun ƙarshe,
wanda ke hawa sama kamar ayarin tururuwa
muna turereniya a ƙofa,
ba mai iya karantawa, ba mai waiwaye.

Babana kan tsaya har ya ƙare.
Na ɗauka ƙa'idar aiki ce.
Shi ma rabin Zango ba su san fuskarsa ba,
sai dai in fim ya tsinke su zagi uwarsa.

Silimar yanzu shagon tayoyi ce.
Na sa almakashi na cire hoton nan guda,
na soke shi bayan murfin wayata.
Da la'asar hadari ya taso daga Asawase,
ya kece bisa kwanon ɗakina.
Na fita kwashe shanya,
na tsaya, na jiƙe,
ina duban gefen sama.